Firitatar dankali da cukun feta: ƙasa ya ƙone, tsakiya ɗanye, ina gyaran yake?

"Assalamu alaikum Anti. Ni amarya ce a unguwar Gyaɗi-Gyaɗi. Maigidana ya je kwas ƙasar waje, ya dawo yana ta santin wata wainar ƙwai mai kauri da ake yi da dankalin Turawa da cukun feta, wai sunanta firitata. Har cukun ya sayo mini da tsadarsa. Na gwada, amma kullum sai ƙasan ya ƙone, tsakiya ta yi ruwa, dankalin bai nuna ba, gishiri kuma ya zarce. Ba ni da oben, gas mai kai biyu gare ni. Bai ce mini komai ba, sai dai ina gani yana ture farantin. Ga shi ran Asabar Hajiyarsa da ƙannensa mata za su zo karyawa a gidana. Wallahi kunya nake ji. Don Allah a taimaka."

Wa alaikumus salam, amarya. Ki kwantar da hankalinki, hannunki lafiyarsa ƙalau. Matsaloli huɗu kika lissafo, amma uku daga cikinsu tushensu ɗaya ne: kina yi wa firitata irin suyar da mai shayi ke yi wa wainar ƙwai. Shi ƙwai biyu ko uku yake fasawa, ya zuba a kasko mai zafi sosai, abin ya bazu falan ɗaya, cikin minti guda ya juya ya kwashe. Ita kuwa firitata, wadda asalinta girkin mutanen Italiya ne, kaurinta ya kai santimita uku zuwa huɗu, kuma zafi a hankali yake ratsa ƙwai. Ƙwai yana fara daskarewa tun wajen digiri 65 a ma'aunin Selsiyos, ya gama nuna da an ɗan haura 70. Kaskon da aka sakar wa gas kuwa yana wuce digiri 200. Kafin zafin ya hau zuwa tsakiya, ƙasan ya daɗe da yin baƙi. Don haka doka biyu ce ke riƙe da wannan girki. Duk abin da zai shiga cikin ƙwan sai ya riga ya nuna kuma ya tsane, sannan wutar ta zama ƙasa-ƙasa tun daga minti na biyu har ki sauke.

Bari mu fara da awo, don yawancin mata a nan suke kuskurewa. Ki auna bakin kaskonki da tef ɗin tela. Idan faɗinsa santimita 24 ne zuwa 26, ƙwan gidan gona takwas ne daidai da shi. In lokacin damina ne kika samu ƙwan zabi, sai ki kai shi goma sha ɗaya, tunda ƙanana ne. Dankali giram 450, wato matsakaita huɗu ko biyar. Cuku giram 100 zuwa 120, kimanin rabin fakitin nan mai giram 200. Albasa ɗaya matsakaiciya, tattasai ɗaya, attaruhu ɗaya in kuna son yaji, madara babban cokali huɗu, mai babban cokali uku. Man zaitun ne aka saba da shi a can, amma man gyaɗa mai kyau bai rage komai ba. Wannan zai ishi mutum huɗu zuwa shida idan da burodi da shayi. In baƙinki sun fi haka, ki yi biyu. Kada ki labta ƙwai goma sha huɗu a kasko ɗaya, don ko wace dabara kika yi tsakiyar ba za ta nuna ba.

Dankalin Turawan da muke saye a 'Yankaba da Rimi da Sabon Gari galibi daga Filato ake kawo shi, yankunan Bokkos da Mangu da kewaye. Ki zaɓi mai tauri, wanda bai yamushe ba, bai tsiro ba. In kin samu mai ɗorawar ciki, irin su Nicola ko Marabel da ake nomawa a can, ya fi, domin ba ya saurin dagargajewa. Duk inda kika ga bawon ya yi kore, ki yanke wurin da ɗan zurfi ki zubar. Wannan koren alama ce ta wani sinadari mai ɗaci da ke ɓata ciki, kuma dafuwa ba ta kashe shi. Wanda koren ya mamaye, ki yar da shi gaba ɗaya.

Ki fere, ki yanka shi fale-fale, kaurin rabin santimita, kuma ki yi ƙoƙari yankan ya zo daidai. Wani siriri wani ƙato shi ke sa ki ci karo da garas-garas a baki. Ki zuba a ruwan sanyi da ƙaramin cokali ɗaya na gishiri, ki ɗora. Daga lokacin da ya tafasa ki ƙirga minti biyar zuwa shida, sai ki soka tsinin wuƙa. Ana so ta shige ba gardama amma yankan bai rabe biyu ba. Ki juye a gwagwa, sannan, ga abin da ake yawan tsallakewa, ki baza shi a tire ya sha iska kamar minti goma har tururin ya daina tashi. Ruwan da ya fita a tire shi ne wanda da zai taru a tsakiyar firitatarki. Ƙwai yana nuna cikin minti goma sha biyar, ɗanyen dankali kuwa ba zai taɓa nuna a wannan lokacin ba, balle a cikin ƙwai da wuta kaɗan. Wannan shi ne dalilin taurin da kika ji. Akwai masu soya dankalin a mai da yawa a hankali maimakon tafasawa, kamar yadda mutanen Sifen ke yi wa tasu wainar. Ya fi daɗi a baki, ba musu, amma ya fi nauyi a ciki, ya kuma fi cin mai. Ga karyawar safe mu dai tafasawa muka fi so.

A gefe guda, dankalin Hausa ma yana shiga wannan girki, kuma zaƙinsa da gishirin cuku suna jituwa ƙwarai. Sai dai ki bar wannan sai hannunki ya faɗa.

Yanzu cuku, inda gishirinki ya zarce. Feta na asali na ƙasar Girka ne. Da nonon tumaki ake yin sa, ko a haɗa da na awaki wanda bai wuce kashi 30 cikin ɗari ba, a ajiye shi cikin ruwan gishiri aƙalla wata biyu. Tun 2002 Tarayyar Turai ta keɓe wannan suna ga wanda aka yi a wasu yankunan Girka kaɗai. Abin da ya shafe ki a nan shi ne gishirin: a kowane giram 100 akan samu giram biyu zuwa uku, za ki gani a jikin fakitin. Ke nan cukun da za ki saka ya riga ya zo da kusan rabin ƙaramin cokali na gishiri. In kika ƙara dunƙule biyu da gishiri yadda kika saba, ai dole harshe ya gaya miki. Ki ajiye dunƙule gefe. A cikin ƙwai takwas, kwatan ƙaramin cokali na gishiri ya isa, tunda dankalin ma da gishiri ya dahu. Ki gutsiri cukun ki ɗanɗana kafin komai. In ya yi miki kaifi, ki jiƙa shi a ruwan sanyi ko madara minti goma zuwa sha biyar, ki tsane shi da ƙyalle mai tsabta.

Ki duba kuma wane iri maigida ya sayo, domin iri biyu ake samu a manyan kantunan garin nan. Akwai curi mai ɗan tauri da ke zuwa cikin ruwan gishiri, wanda ke marmashewa in an murza. Shi za ki ɓaɓɓalla da hannu, kada ki niƙe shi, a bar shi gutsi-gutsi yadda mai ci zai riƙa cin karo da shi. Ba ya narkewa saboda tsaminsa, laushi kawai yake yi, kuma haka ake so. Akwai kuma farin cuku mai laushi na cikin kwali, da yawa daga Masar ake kawowa, na nonon shanu, wani ma har da man girki a haɗinsa. Wannan in kika juya shi cikin ƙwai narkewa zai yi ya ɓace, ya bar miki gishiri kawai. Shi da ƙaramin cokali ake ɗiba a ɗiga nan da can bayan an zuba ƙwan a kasko. Tunda kina karanta fakitin, ki duba abu biyu: ko an rubuta "pasteurised", wato an ba nonon zafi har an kashe ƙwayoyin cuta, wanda ya fi muhimmanci ga mai juna biyu, da kuma alamar halal ko bayanin abin da aka daskarar da nonon da shi. Ragowar cukun ki nutsar da shi a ruwan da aka tafasa ya huce, kofi ɗaya da ƙaramin cokali ɗaya na gishiri, ki rufe a firji. Da yanayin wutarmu, kada ki ja shi fiye da 'yan kwanaki.

Tunda kin ambaci tsada, ga hanyar da za ta rage miki zullumin asara lokacin gwaji. Ki dama madarar gari mai cikakken maiƙo, giram 130 a ruwa har ta cika lita ɗaya, ko ki samu madarar shanu sabuwar tatsa. Ki ɗora har ta kusa tafasa, ki sauke, ki zuba ruwan lemon tsami babban cokali uku zuwa huɗu, ki juya sau ɗaya ki bar ta minti goma. Za ta tsinke. Ki tace a ƙyallen tatar koko, ki ɗaure, ki ɗora abu mai nauyi a kai awa ɗaya ko biyu. Duk wadda ta taɓa yin awara ta san sauran. Ki yanka, ki jiƙa a kofin ruwa mai ƙaramin cokali biyu na gishiri da babban cokali ɗaya na kindirmo, ya kwana a firji. Za ki samu wajen giram 150. Ba feta ba ne, ba shi da wannan ƙanshin na nonon tumaki, amma a cikin ƙwai yana tsayawa da kyau. Busasshen cukun nan da ake kawowa daga Nijar kuwa ki bar shi ga shayi da fura, ya yi tauri da yawa ga wannan aiki.

To, a ɗora. Ki sa mai babban cokali biyu a kasko, wuta matsakaiciya, ki soya albasa da tattasai da attaruhu minti biyar zuwa shida, har albasar ta yi laushi ruwanta ya ƙone. Tumatir kada ya shiga, shi ne babban mai kawo ruwa. In kina son ganye, alayyafo yana yi, amma sai kin ɗan gigita shi a wuta kin matse shi da hannu tukuna. Ki zuba dankalin, ki juya a hankali minti uku ko huɗu ya ɗan yi ja a gefe. Ki juye duka a faranti ya huce minti biyar.

Kafin nan ki fasa ƙwan, ɗaya bayan ɗaya a ƙaramin kofi kafin ki juye cikin kwano. Da zafin Kano, baragurbi ɗaya ya isa ya jawo miki asarar bakwai. Ki zuba madarar, da ɗan gishirin nan, da masoro kaɗan, da yankakken lawashi ko na'ana'a. Na'ana'a da feta sun dace fiye da yadda za ki zata. Ki kaɗa da cokali mai yatsu har fari da gwaiduwa su haɗe, sai ki tsaya. Kada ki buga har ya yi kumfa, don zai kumbura a wuta ya burge ki, kina saukewa ya lotsa. Madarar ma kada ta wuce awon, in ta yi yawa ƙwan ba ya kama jikinsa. Ki zuba dankalin da kashi biyu cikin uku na cukun a kwanon, ki juya sau biyu ko uku. A kwano ake haɗawa, ba a kasko ba, domin ƙwan ya shiga tsakanin kowane yanka, in ba haka ba wajen yankawa sai ta wargaje.

Ki goge kaskon tas. Ɗan ƙanzon albasa da ya rage shi ke fara kamu. Ki sa sauran cokalin man, ki jujjuya ya shafi har gefe-gefe, ki bari ya yi zafi a matsakaiciyar wuta, sannan ki juye haɗin. A minti na farko ki riƙa janyo gefen da ya fara kamawa zuwa ciki da cokalin katako, kina karkata kaskon ɗanyen ƙwan ya gangara ƙasa. Sau uku ko huɗu ya isa. Ki daidaita saman, ki barbaɗa sauran cukun, ki mayar da kaskon kan ƙaramin kan gas ɗin, ki rage wutar har ƙarshe, ki rufe. Daga nan minti goma zuwa sha huɗu ne. Duk bayan minti uku ki ɗan juya kaskon a kan murhu, saboda harshen gas ba ya ci daidai ta ko'ina, ki kuma ɗaga murfin ki goge gumin da ya taru a cikinsa kada ya ɗiga. Idan kaskonki marar kauri ne, irin na alminiyom, ko wuta kaɗan tana iya ƙona ƙasan. Ki ɗora wani tsohon kasko ko faifan ƙarfe a kan gas ɗin, ki ɗora naki a kai, shi zai raba zafin. In kin ji ƙauri ko ƙarar soyuwa mai ƙarfi, wutar ta yi yawa. Sautin da ake so siriri ne, da kyar za ki ji shi.

Lokacin da gefen ya tsaya, tsakiya kuma tana ɗan rawa in kin girgiza, saura saman. Rashin oben ba matsala ba ne, hanya biyu gare ki. Ta farko juyawa: ki zagaye gefen da wuƙa marar kaifi, ki zame firitatar zuwa faranti mai faɗi, ki kifa kaskon a kanta, ki riƙe da tsumma hannu biyu, ki juya gaba ɗaya da sauri ba ɗar-ɗar, sannan ki mayar kan wuta kaɗan minti biyu zuwa uku. Ki yi wannan a kan tire, kuma in juyawar za ki yi, ki haɗa cukun duka a ciki tun farko, don wanda ke sama zai manne wa kasko. Ta biyu garwashi, irin yadda ake gasa kek a tukunya: ki rufe da murfin ƙarfe shafaffe, marar roba marar gilashi, ki jera garwashi shida zuwa takwas a kai, ki kashe gas ɗin, ki ba shi minti huɗu zuwa biyar. Wannan muka fi ba ki shawara. Ba fargabar ɓarewa, kuma cukun saman yana yin ja-ja yadda maigida ya gani a can. Sai dai ki yi a tsakar gida ko ki buɗe taga da ƙofa, hayaƙin gawayi a rufaffen kicin yana kisa. Ki kuma kula toka kada ta zuba wajen ɗaga murfin. Ga masu oben, minti uku ko huɗu a kan murhu, sannan minti goma sha biyu zuwa sha biyar a digiri 180, muddin mariƙin kaskon na ƙarfe ne.

Ki soka wuƙa a tsakiya ki ɗan buɗa. In ba ɗanyen ƙwai da ya taso, ta yi, ki sauke nan take ko da kina ganin da ɗan damshi. Zafin da ke jikinta zai ƙarasa. Mai ma'aunin zafin abinci ta nemi digiri 71. A nan ne wasu ke faɗawa ɗaya ramin: tsoron ɗanye ya sa su bar ta ta daɗe, ƙwan ya takure ya matso ruwansa, sai a ga ruwa kwance a faranti ga ramuka a jikin yankan, ana tauna kamar roba. Wannan ruwan na wuce lokaci ne, ba na rashin nuna ba. Ki bar ta ta huta minti biyar zuwa goma kafin ki yanka. Da ɗumi-ɗumi ta fi daɗi, su kansu Italiyawa sukan ci ta bayan ta huce. Amma kada ta wuce awa biyu a waje, a watannin zafi kuwa, daga Maris zuwa Mayu, awa ɗaya. A firji mai tsayayyar wuta tana kwana uku, a ɗumama a kasko rufe da wuta kaɗan. Firiza na sa ta saki ruwa.

Batun maigida kuma. Shirun da ya yi kara ce yake yi miki, kuma mutumin da ya je ya nemo cuku da kuɗinsa ba neman laifinki yake ba. Ki tambaye shi kai tsaye wadda ya ci yaya take: kaurinta, dankalin fale-fale ne ko 'yan ƙanana murabba'i, da ganye ko babu, da zafi aka kawo ko a huce. Kina ƙoƙarin kwaikwayon abin da ba ki taɓa gani ba, shi kaɗai ne ya gani. Ran Laraba ko Alhamis ki yi gwaji da rabin awo, ƙwai huɗu a kasko mai faɗin santimita 18 zuwa 20, ku ci ku biyu, ki lura da mintunan da gas ɗinki da kaskonki suka ɗauka, domin lokutan da muka ba ki kimantawa ce, kowane murhu da halinsa.

Ran Asabar kada firitata ta zama ita kaɗai ce a kan ledar cin abinci. Ba kowane babba ne ke son tsamin cuku ba, Hajiya na iya ɗanɗanawa ta ajiye ba don kin gaza ba. Ki dama kunun gyaɗa, ki tanadi ƙosai ko farfesu da burodi, ki ajiye yaji a gefe ga mai so. Dankalin za ki iya tafasawa tun daren Juma'a in kin tabbata firjinki zai kwana da sanyi, in ba haka ba ki yi shi da asuba. Ki fara soya albasa kamar minti arba'in da biyar kafin lokacin da kike sa ran isowarsu, ki hura gawayin tun kina fasa ƙwai don ya ruru a kan kari. In biyu za ki yi, ki juye ta farko a faranti ki rufa mata kwando, ba murfi ba, kada gumi ya jiƙa samanta kafin ta biyu ta sauka.